Jan Kimonon da Malam Nukui Ya Aiko

Litinin, 2 ga Oktoba

To. Yana ɗauka? Jan ɗigon ya kama, yana ɗauka ke nan.

Yaya Rumi ce ta ce in riƙa yi wa wayar magana tunda rubutu wahala yake ba ni. Ni da ko ƙaramar sakandare ban gama zuwa ba, in na ce zan rubuta abin da ke raina, sai Nazuna ta yi aure ban cika shafi ba. Ga ni a baranda ina shanya. Maƙwabta za su ɗauka da wani nake waya, su ɗauka.

Motoki ya koma aikin zane. Mijina ke nan, Baban Nazuna. Yau ya fara. Jiya ya shigo da soyayyar kaza da giyar gwangwani, yana wata dariya da na manta yana da ita. Shekara biyu yana ɗaukar kwali a sito, hannun nan nasa da ke zana gini taga bayan taga duk ya yi kanta. Na yi murna, na rantse na yi. Sai da na tambaya wajen wa.

Ya ce wajen Malam Nukui.

Na ce wane Nukui? Ya ce, "Nukui nawa kika sani?"

Wanda aka nuna a talabijin an lulluɓe masa kai da riga ana tura shi mota. Yarinya 'yar shekara goma sha uku, tana zuwa gidansa koyon zane duk Asabar. Kotu ta same shi da laifi, ta yi masa ɗaurin je-ka-gyara-halinka, ya koma gida ya kwana a katifarsa. Mujallar da ke buga labarinsa na zane ta tsayar da shi, shaguna suka kwashe littattafansa, manya suka fito suka rusuna wa jama'a. Na ɗauka shi ke nan. Ashe hutu ya tafi. Yanzu ya dawo da sabon suna, wani suna mai taushi kamar na mace, labarin kuma a waya ake karanta shi. Edita ya sani, masu kamfani sun sani, yaran zane sun sani. Masu karatu ne kawai ba su sani ba. Motoki ya ce kada in faɗa wa kowa, ko Yaya.

Kazar tana firji har yanzu.

Alhamis, 5 ga Oktoba

Aikin ba kamar da ba ne. Da Motoki kwana uku yake yi a ɗakin zanen Malam, su kwanta ƙarƙashin tebur kamar kyanwoyi. Yanzu kowa a gidansa yake, gaban kwamfuta, amma layi a buɗe daga safe har yamma, ba a kashewa. Malam ya zana mutane ya turo, Motoki ya cika abin da ke bayansu, gidaje, turakun wuta, gajimare. Duk yini muryar mutumin nan tana cikin gidana. Tarinsa. Ƙarar kujerarsa. In ya kurɓi shayi ina ji daga kicin. Ɗaki biyu ne gidan, ina mutum zai ɓuya.

Ɗazu Nazuna ta dawo makaranta ta banko ƙofa, "Na dawooo!" yadda ta saba. Sai na ji daga lasifika, a hankali, da fara'a: "A'a, wa nake ji haka? Motoki, 'yar taka ce ta girma haka? Shekararta nawa yanzu?"

Motoki ya ce bakwai.

"Bakwai! Ashe bana ne bikinta na 'yan shekara bakwai."

Ina riƙe da jakarta. Ban san sanda na tura ta banɗaki ba, na ce wanke hannu, na ja ƙofa na jingina da ita. Ta ce, "Mama, ai na iya ni kaɗai."

Juma'a, 6 ga Oktoba

Na ce wa Motoki ya sa abin kunne. Ya sa. Sai daga baya na gane wautata. Mu ne muka daina jin sa, shi yana jin mu.

Talata, 10 ga Oktoba

Yanzu in na taso daga aikina a kamfanin abinci ba na hawa sama. Ina jiran Nazuna a gindin bene, hannuna duk warin shinkafa da kifi, mu wuce filin wasa mu zauna har a kashe layi. Ta gaji da lilo. Ta ce yunwa take ji, na saya mata dankali gasasshe wajen mai mota. Jiya ma shi ta ci.

Na faɗa wa Yaya. Ba zan iya riƙewa ba. Ta ce, "Kanae, mijin nan naki ko kare aka rataya wa sunan Malam zai rusuna masa." Na ce Yaya kada ki ce haka, mutumin kirki ne. Ta ce, "Na ce mugu ne? Na ce yana rusunawa." Wai in tattaro yarinyar in taho wajenta a Kiryu. Na ce in zauna ina, kan injin wankinki? Ta ce injin nata ya fi gidana faɗi. Muka yi dariya.

Asabar, 14 ga Oktoba

An kawo kaya. Ina wanka, Motoki ya karɓa, Nazuna na gefensa. Kafin in fito sun buɗe a tsakar ɗaki.

Kimono ne, rigar gargajiya ta biki. Ja, jan da ke shiga ido, da fararen tsuntsaye masu dogon wuya suna tashi daga ƙasan rigar. Ɗamara mai ruwan zinariya, 'yar jaka, furen gashi, takalmi, komai ya cika. Warin kafur ya cika ɗakin. Ban taɓa taɓa yadi irinsa ba, ni a nawa bikin rigar 'yar maƙwabta aka ara mini. Nazuna ta durƙusa a gabansa ko numfashi ba ta yi. Ta ce, "Nawa ne?" Motoki ya ce naki ne, Malam ne ya aiko don bikinki na 'yan shekara bakwai.

Da na riga su gani da na cusa shi bayan firji.

Kowa ya san abin da ke bin kimono. Wanda ya ba da shi, ranar biki ana kai masa yarinyar a cikinsa ya gani, a rusuna a yi godiya, a ajiye kwalin alawa. Ko kakata da ba ta jituwa da kowa a ƙauyensu ta yi wannan. Shi ma ya sani. Da ya aiko da kuɗi ko 'yartsana, kati ya isa. Kimono ya aiko.

Ta sa takalmin tana ta ƙwas-ƙwas a kicin. Ya yi mata cif.

Lahadi, 15 ga Oktoba

Mun yi faɗa. A kicin, ƙasa-ƙasa, famfo a buɗe don kada ta ji.

Ya ce, "Mutum ya yi laifi, an hukunta shi. Me kike so, a kashe shi?" Na ce ban ce a kashe shi ba. Na ce wa ya gaya masa lambar takalmin 'yata? Ya kalli famfo. Wai Malam ne ya tambaya cikin hira, zai ce masa ban sani ba?

Sai ya hau dogon bayani irin nasu na masu karatu. Wai likita Malam yake gani. Wai edita ya ce hannunsa ake saya, ba halinsa ba. Wai in mutum ya fito daga kotu aka hana shi sana'a, ina amfanin kotun. Ni ban iya irin wannan magana ba, in ya fara sai kalmomi su gudu daga bakina. Na ce ni dai ya yi zanensa, ya ci abincinsa, ban hana ba. 'Yata ce ba ta cikin cinikin.

Ya ce, "Kanae, shekarata talatin da huɗu. Ban taɓa fitar da littafi da sunana ba. In na bar kujerar nan, kafin yamma wani ya zauna." Idonsa ya kawo ruwa. Wannan ne ya fi ba ni haushi, don na tausaya masa.

Alhamis, 19 ga Oktoba

Na buɗe labarin a waya lokacin hutun rana. Na ce bari in ga abin da muke ci.

Wani tsoho ne mai gidan wankan unguwa da jikokinsa biyu. Na ga turakun wutar Motoki, na gane su, shi kaɗai ke zana tsuntsu ɗaya a kan waya yana kallon baya. Akwai inda ƙaramin jikan ya faɗa kwamin ruwan sanyi, fuskar da ya yi. Na yi dariya. Ni. A gaban mata, da shinkafa a bakina. Na tashi na shiga banɗaki na wanke fuska.

A ƙasa mutane sun yi ta rubutu, na sa wayar ta karanta mini. Wata ta ce ita da 'yarta suke karantawa kafin barci. Wata ta ce, "Wannan marubuciyar ta san zuciyar yara." Marubuciya. Ta san zuciyar yara.

Waccan yarinyar yanzu ta kusa sha shida. An ce ta bar makaranta, iyayen sun tashi daga unguwar. Shi an ba shi sabon suna. Ita wa zai ba ta?

Lahadi, 22 ga Oktoba

Nazuna ta roƙi a buɗe mata takardar da aka naɗe kimonon ta shafa tsuntsayen. Sau uku yau.

Juma'a, 27 ga Oktoba

An sa rana. Ba da ni aka sa ba. Lahadi sha biyu ga wata mai zuwa, da safe mu je wurin ibada na unguwa a yi mata addu'a, da rana mu wuce gidan Malam. Kuma wai zai zaunar da ita ya zana ta a allon kwali, ya sa hannu, kyauta. Motoki yana faɗa yana murmushi, wai mutane layi suke bi a da don su samu.

Na ce ba za ta zauna gabansa yana kallonta ba.

Ya ce, "Haba Maman Nazuna, ina wurin fa. Ke ma kina wurin. Me zai faru muna zaune?"

Na ce uwar waccan a mota take jira, a ƙofar gidan, duk Asabar. Kai ka faɗa mini da bakinka, ka ce kana ganin ta ta taga tana saƙa.

Ya tashi ya ɗauki sigarinsa ya fita baranda.

Na san ba abin da zai faru ran Lahadin. Ba Lahadin nake tsoro ba. Daga ranar ya zama kawun kirki mai jan kimono. In ya tsaya da mota a hanyar makaranta ya ce Babanki ne ya aiko ni, me za ta ce? Ta sha shayi a gidansa, ta ga uwarta ta rusuna masa.

Laraba, 1 ga Nuwamba

Na shiga shagon hayar kaya na gaban tasha. Matar ta dube ni kamar na zo neman ƙanƙara a tanda, wai tun bazara ake kama na watan nan. Saura guda ɗaya na 'yan shekara uku.

Ina yi wa Nazuna tsifar gashi ta ce, "Mama, Malam Nukui yana da kirki?" Tsefe ya tsaya a hannuna. Yaya ake faɗa wa 'yar shekara bakwai? Ni ba wanda ya taɓa faɗa mini komai, sai dai a ce kada ki bi baƙo. To wannan ba baƙo ba ne, muryarsa a ɗakin Babanta take kullum. Na ce ba kowa ne mai ba da kyauta ke da kirki ba. Ta ce, "Amma Baba ya ce zai zana ni." Na ce Babanki ma ya iya zane. Ta ce, "Baba gidaje kawai ya iya."

Haƙorinta na gaba ya faɗi yau. Na sama. Mun jefa shi ƙasa daga baranda don sabon ya fito a miƙe.

Laraba, 8 ga Nuwamba

Ina kan benci a tasha. Jirgin ƙasa biyu sun wuce na bar su.

Na mayar da kimonon. Na ce wa shugabar aiki ciwon kai nake, na dawo gida sanda Motoki ya fita sayen sigari, na naɗe komai a ƙyalle na fito. Tun a jirgi nake maimaita abin da zan ce. Zan ce na san abin da ka yi. Zan ce kada ka ƙara ambaton sunan 'yata.

An cire allon suna daga ƙofar gidan, sai ramukan ƙusa. Matarsa ce ta buɗe, ta rame, gashin duk ya yi fari. Kafin in yi magana sai ga shi a bayanta, da silifas da rigar sanyi mai maɓalli, tawada a yatsu. Ƙarami ne. Na manta ƙarami ne haka. Kamar kakan kowa.

"A'a, Maman Nazuna! Shigo mana, ga sanyi."

Kin san me ya fito daga bakina? Na rusuna na ce, "Malam, kyautar ta fi ƙarfinmu, ba mu cancanta ba. A yi haƙuri. A gafarce mu." Ni na ba shi haƙuri. Na yi ta ba shi, kaina a ƙasa, ina kallon silifas ɗinsa.

Matar ta ɗaga gefen ƙyallen ta ga jan. Ta ce, "Na 'yarmu ne wannan. Ban san ya fita daga gidan nan ba." Ya yi dariya ya ce yana ajiye asu na ci, ita kuma mai shi ko waya ba ta yi. Matar ta karɓa ta rungume a ƙirji, ta ce mini, "Kin kyauta da kika zo da ƙafarki."

Na juya zan tafi ya ce, "Ki gaishe mini da Nazuna. Haƙorin ya fara fitowa?"

Ga wani jirgin nan. Bari in tashi.

Alhamis, 9 ga Nuwamba

Ya dawo. Kimonon. Yana kan tebur, a ƙyallen da na kai shi.

Da safe a kan layi, gaban sauran yaran zane, Malam ya ce, "Motoki, matarka ta fi edita tsauri." Suka yi dariya. Motoki ya kashe kwamfuta, ya sa kwat ɗin da yake zuwa jana'iza da shi, ya tafi. Da yamma ya shigo da ƙunshin a hannu. Ban tambayi yadda matar ta sake shi ba.

Bai ɗaga murya ba. Ya ce na zubar masa da mutunci a gaban yara 'yan shekara ashirin. Ya ce, "Amma Malam ya fahimta. Ya ce ke yarinya ce, bai riƙe ki ba."

Shi ne bai riƙe ni ba. Ka ji fa. Shi ne ya yafe mini.

Asabar, 11 ga Nuwamba

Muna cikin jirgi, hanyar Kiryu. Nazuna ta yi barci a cinyata, shi ya sa nake magana a hankali.

Na ce wa Motoki za mu je gyaran gashi. Na ɗauki jakar cefane, ba akwati, don kada ya lura. Kimonon na bar masa a kan kujerar aikinsa, in ya so ya sa. Da muka canza jirgi ta gane ba shagon gashi za mu ba, ta fara kuka, wai jan take so, wai na yi mata ƙarya. Na yi mata. Wata tsohuwa a kujerar gaba tana ta hararata, irin kallon nan na ga 'yar yarinya ta haifi 'ya ba ta iya riƙo ba. Na saba da shi tun ina sha bakwai.

Ya kira, ya kira. Na tura masa magana ɗaya, muna wajen Yaya, lafiyarmu ƙalau.

Ban taɓa yin abu ban tambaye shi ba.

Lahadi, 12 ga Nuwamba

An yi.

Kimonon 'yar Yaya aka sa mata, kore, ya koɗe a kafaɗa, da tabon miya a ƙarƙashin hannu. Ya ɗage mata, wuyan hannunta duk a waje. Yaya ta ce, "Ki riƙa naɗe hannu kamar matar gwamna, ba mai gani." Ta ɗaure mata ɗamara tana kallon bidiyo tana zagin mai bidiyon. Nazuna ta cika ta yi fam har aka shafa mata jan baki. Daga nan ta manta da kowa, sai madubi.

Wurin ibadar ƙarami ne, bayan makarantar su Yaya. Mai addu'ar mura yake yi, yana kaɗa sandar takarda a kanta yana jan hanci. Aka ba ta doguwar alawa a jakar takarda, ta fi hannunta tsawo. Da ta yi dariya, ga gibin nan. Na yi kuka, Yaya ta ce in bari kwalli na zuba.

Motoki ya turo saƙo. Ba faɗa. Ya ce, "Ko hoto ɗaya." Na daɗe ina kallo. Ubanta ne. Shi ya yi ta goyonta yana zagaya unguwa sanda take kukan wata uku, ni ina kwance ba na iya tashi. Yau sau ɗaya ce a rayuwarta kuma na hana shi. Na zaɓi wanda ta fi kyau na tura.

Yaya ta ce mu kwana. Na ce gobe makaranta.

Litinin, 13 ga Nuwamba

Mun tarar Motoki ya dafa miya ya wanke kwanuka. Ya ɗaga Nazuna sama ya ce ina matar gwamna. Sai na ji kunya ta kama ni, na ce ko na yi masa rashin adalci.

Yau da safe, bayan ta tafi, yake ba ni labari. Ya je shi kaɗai, da kwalin alawa da kimonon. Ya ce wa Malam dangina ne suka matsa a yi a can. Malam bai ji haushi ba ko kaɗan, aiki yana nan. Yana faɗa kamar wanda ya kawo mini albishir. Sai ya ce, "Na nuna masa hoton ma, ya ce kore ya karɓe ta."

Na ce wane hoto.

Ya ce wanda na turo mana.

Na ce nunawa kawai ka yi?

Wai Malam ya ce tunda ba ta samu zuwa ba, a tura masa, zai zana ta daga hoton ya aiko.

Na ce, "Baban Nazuna, ka tura?"

Ya buɗe firji ya tsaya yana kallon ciki.

Duk jirgin nan da na hau. Duk kukan da na sa ta. Da hannuna na zaɓa masa wanda ta fi kyau.

Talata, 21 ga Nuwamba

Allon zanen Malam ya zo, ni na karɓa. Na ce ba zan buɗe ba, na buɗe. Ita ce. Ta fi hoton kama da ita, har yadda take karkata kai in tana jin kunya, wanda ko a hoton babu sosai. Ya daɗe yana kallo ke nan.

Yau ranar kwashe sharar da ake ƙonawa ce. Na karya shi biyu na tura ƙarƙashin ƙashin kifi. Motoki ya tambaya ko an kawo wani abu, Malam na tambaya. Na ce ban ga komai ba.

Lahadi, 3 ga Disamba

Lafiya muke. Ba faɗa. Yana aikinsa, ina nawa, labarin ma an ce za a buga shi littafi, sun yi murna a layi. Sanyi ya hana mu zaman filin wasa, to Nazuna ta koyi shigowa a hankali, ta ajiye takalmi ta zo kunnena ta ce na dawo. Ban koya mata ba.

Ɗazu bayan abincin rana ya ce, "Kwanta ki huta, zan kai ta lilo." Dama ya saba kai ta, tun tana tatata. Na ce to. Na ce to fa. Sai ga ni a bakin ƙofa da rigar sanyi, takalmi a ƙafa. Ya dube ni. Na ce madara ta ƙare, zan biya shago.

Ba wai ban yarda da shi ba ne. Bai taɓa ɗaga mata hannu ba, ko tsawa. Uban kirki ne, kowa a benen nan zai faɗa. Ni dai iska nake so in sha.

Suna gaba ina baya. Ya ɗora ta a lilo yana turawa, tana ihu a ƙara, a ƙara. Sai ya ja baya ya zaro waya zai ɗauke ta. Ban yi tunani ba. Na ga dai ina tsaye tsakaninsu, bayana ga lilon.

Ya sauke wayar a hankali. Ya ce, "Har ni, Kanae?"

Na ce hasken ne ba kyau, ba zai fito ba.

Hasken yana da kyau. Madarar ma akwai.